Hukuncin Da Ya Wanke Ta Shi Ya Ɗaure Ta

Mai karatu, a ce 'yarka ce mijinta ya ɗauki butar shayi mai tafasa ya ɗora mata a bayan hannu da gangan, me za ka yi? Na san amsarka: ta tattaro kayanta ta dawo gida, a je gaban alƙali a raba auren. To a Ingila ta zamanin Caroline Sheridan, wannan ƙofar a rufe take ruf.

Caroline Sheridan tana da shekara 19 aka ɗaura mata aure da George Norton a 1827. Ita marubuciya ce, mai kaifin baki da farin jini. Shi kuwa ɗan majalisa ne mai kishi da shaye-shaye, ga saurin hannu. Kuɗin cefane ma sau da yawa daga alƙalaminta suke fitowa. A 1835 dukan ya kai mata iya wuya, ta yi yaji. George ya bi ta biko, ya yi rantse-rantse, ta tuna 'ya'yanta uku maza, ta koma ɗakinta. Riƙe wannan komawar a ranka, za mu dawo kanta.

A 1836 ta fita ziyara, kafin ta dawo ya kwashe yaran ya kai gidan wata 'yar'uwarsa, ya hana ta shiga gidan aurenta. Ta bi sawu har gidan da aka ɓoye su. Tana zaune a ƙasa tana jin takun ƙafafunsu a saman bene, amma aka ƙi bari ta gan su. Kai da za ka iya tashi ka tafi?

George bai tsaya nan ba. Ya maka Lord Melbourne, firaministan ƙasar sukutum, a kotu, wai yana neman matarsa. Melbourne ɗin nan fa shi ne ya sama wa George aikin majistare a 1831, bisa roƙon Caroline. Ka ji sakayya! Aka yi ta yayata sunanta a zauren kotu, tsofaffin barorin gidan suna ba da shaida, ita kuwa ba ta da damar cewa uffan, domin a idon doka matar aure ba ta da tsayuwar kanta, inuwar mijinta ce kawai. Masu taya alƙali yanke hukunci ko tashi daga kujerunsu ba su yi ba, suka yi watsi da ƙarar.

Ta yi nasara ke nan, ko? A nan gizo ke saƙar. Tunda kotu ta ce ba ta yi zina ba, George ba shi da hujjar sakinta. Ita kuma da ta nemi rabuwa saboda azabar da ta sha, lauyoyi suka ce ai ta koma ɗaki bayan dukan, don haka doka ta ɗauka ta yafe. Haƙurin da ta yi saboda 'ya'yanta shi ya zama mata tarko. Ga ta babu miji, babu saki, babu 'ya'ya.

Wata da ta zauna kuka. Caroline ta ja alƙalami ta dinga rubuta ƙasidu tana aika wa 'yan majalisa, har aka yi dokar 1839 wadda ta ba uwa damar neman riƙon yaran da ba su kai shekara 7 ba. Me George ya yi? Ya riga ya tura yaran Sikotilan, inda dokar ba ta aiki. A 1842 autansu William ya faɗo daga kan doki, ciwon ya yi tsanani, kafin uwar ta iso rai ya yi halinsa.

A 1853 suka haɗu a kotu kan bashin gyaran keken doki, George ya nuna cewa kuɗin littattafanta ma nasa ne a shari'ance. Kuma gaskiyarsa, haka dokar take. A 1855 ta rubuta buɗaɗɗiyar wasiƙa ga Sarauniya Victoria, wato mace mai mulkin ƙasar da matan aure ba su mallaki ko sisi ba.

Dokar 1857 ta kafa kotun raba aure, ta kuma kare dukiyar matar da miji ya gudu ya bari. Amma dubi rabon: namiji zina kaɗai zai tabbatar ya rabu da matarsa, mace kuwa sai ta tabbatar da zina, sannan ta haɗa da azabtarwa ko ƙaurace mata na shekara 2. Duka kawai bai isa ba!

Caroline ta ci gaba da zama matar George har ya mutu a 1875. A watan Maris na 1877 ta auri tsohon amininta Sir William Stirling-Maxwell, a watan Yuni ta rasu. Sai a 1937, shekara 60 bayan mutuwarta, majalisar Ingila ta amince cewa azabtarwa kaɗai, ko ƙaurace wa abokin zama na shekara 3, ya isa a raba aure.