Makarantar da Ake Ajiye Mafarki

Masu fassara mafarki ba mu rasa su ba. Je bakin masallacin Juma'a, cikin littattafan da aka baza a tabarma da wuya ka rasa ɗan littafin fassarar mafarki da ake jingina wa Muhammadu bn Sirin, malamin Basra da ya rasu a shekara ta 110 bayan hijira, ko da yake masana da yawa na tantamar shi ya rubuta shi. Haƙori ya fita a barci, a ce wani ne a dangi. An ga maciji, a ce maƙiyi. A yi sadaka, kowa ya kama gabansa. Kafin azahar mafarkin ya bi ruwa, fassarar kaɗai ta rage.

Masu ajiyewa ne ba mu da su. Shi ya sa na daɗe ina gina wata makaranta a kaina, wadda ba ta da aiki sai tara mafarkai da nazarinsu.

A makarantar nan karatu na farawa ne da idar da sallar asuba, tun kafin a yi ina kwana. Akwai dalili. A 1953, a Jami'ar Chicago ta Amurka, Eugene Aserinsky da malaminsa Nathaniel Kleitman suka lura cewa idon mai barci yakan riƙa wutsil-wutsil a ƙarƙashin fatarsa lokaci-lokaci, kuma in aka tashe shi a daidai wannan gaɓa, galibi sai ya ce mafarki yake yi. Gaɓar tana zagayowa kusan duk bayan minti 90, ta fi tsawo gab da wayewar gari. Da mutum ya tashi ya soma magana, ko ya ɗauki waya, shi ke nan, sai tsintar guntaye.

Ɗalibin ajin farko an hana shi fassara, ko da kalma ɗaya. Takarda da biro ne kayan aikinsa. Tsohuwa ta zo ta ce ta ga marigayi mijinta yana gyaran keke a tsakar gida, ba zai ce mata "alheri ne, Inna" ba. Zai tambaye ta wane gida, na yanzu ko wanda suka baro a ƙauye? Ya yi magana? Da ta farka, daɗi ta ji ko tsoro? Wannan ajin shi ne mafi wuya, don bakin Bahaushe ba ya jin mafarki ya yi shiru.

Kada a ɗauka wasa ne. Masu bincike biyu, Calvin Hall da Robert Van de Castle, sun yi irin wannan aiki da gaske: mafarki 1,000 na ɗalibai maza da mata suka bi suna ƙirga wa aka gani, me ya faru, suka fitar da littafi a 1966. Suka tarar yawancin mafarki ba aljanu ba ne, mutane ne da hidimomin yau da gobe, kuma tsoro da damuwa sun rinjayi farin ciki. Yanzu akwai rumbun DreamBank a intanet, da masu bincike na Jami'ar Kalifoniya a Santa Cruz suka kafa, mai ɗauke da mafarki sama da 20,000.

Magabata ma sun ajiye. Abin da aka nuna wa Shehu Usmanu Ɗanfodiyo a 1794, yana ɗan shekara 40, inda Shehu Abdulƙadir Jilani ya rataya masa takobin gaskiya, mun san shi ne saboda an rubuta. Tipu Sultan na Maisur a Indiya kuwa kundi ya keɓe, ya rubuta mafarkinsa 37 da hannunsa. Turawan Ingila suka tsince shi a fadarsa bayan sun kashe shi a 1799.

Nan ne ginin nawa yake tsayawa kullum, a kan maganar wanda zai riƙe makullin ɗakin ajiya. Wata 'yar jarida a Berlin, Charlotte Beradt, ta tara mafarkin mutane kusan 300 daga 1933 zuwa 1939, zamanin Hitler. A ɓoye ta yi, tana sauya sunayen manya, tana cusa takardun cikin bangon littattafai. Wani likita ya ba ta labarin ya ga bangayen gidansa sun ɓace, ana shela cewa hukuma ta soke bango. Da takardun nan sun faɗa hannun 'yan sandan ciki, da ba fassara za a yi ba.

Marubucin Albaniya Ismail Kadare ya kai tunanin ƙarshe a littafinsa na 1981 kan wata fadar mafarki ta ƙage a daular Usmaniyya ta Turkawa. Ma'aikata ce guda: ana kwaso mafarkin talakawa daga kowane lungu, a tace, a fassara, duk Juma'a a kai wa sarki mafi hatsari. Mafarkin wani bawan Allah da bai san hawa ba bai san sauka ba ya jawo aka kashe kawun jarumin labarin. Gwamnatin Enver Hoxha ta Albaniya ta gane kanta a ciki, ta haramta littafin.

Addini ya riga ya yi mana iyaka: mafarki mai kyau a gaya wa masoyi, mummuna a nemi tsari, kada a yaɗa. Don haka a makarantata ba a rubuta sunan kowa a kundi, sai shekaru da sana'a. Wanda ya kawo mafarki yana da ikon dawowa ya karɓi takardarsa ya ƙone, ba a tambayarsa dalili. Gwamna kuwa, ko da kuɗin gina sabon ɗakin ajiya ya zo, a zaure za a tarbe shi.