Na Un-gyu da Majigin Arirang

Ranar 1 ga Oktoba 1926, a gidan sinima na Dansungsa da ke birnin Seoul, zamanin da Koriya take ƙarƙashin mulkin Japan, aka fara nuna majigin Arirang, wanda wani saurayi ɗan shekara 23, Na Un-gyu, ya tsara labarinsa kuma ya fito a matsayin jaruminsa. Haifaffen Hoeryong ne, can kan iyakar arewa, kuma tun kafin ya tsaya gaban kyamara ya ɗanɗana kurkuku a kan harkar neman 'yancin ƙasarsa. Bayan fitowarsa ya shiga wani kamfanin majigi a Busan, inda rabonsa na farko bai wuce fitowa cikin masu ɗaukar kujerar manya a kafaɗa ba.

Hikimar Arirang tana ga mutumin da ya zaɓa ya zama. Yeong-jin ɗalibi ne wanda azabar da ya sha bayan boren neman 'yanci na 1 ga Maris 1919 ta gusar masa da hankali, ya koma ƙauyensu yana sambatu, har ranar da yaron wani mai gonaki ya nemi keta mutuncin ƙanwarsa, ya ɗauki lauje ya kashe shi. Hankalinsa kuwa bai dawo ba sai da aikin gama ya gama, 'yan sanda suka ɗaure shi da igiya suka tasa ƙeyarsa ya haye tudu, jama'ar gari suna rera waƙar gargajiyar da majigin ya ari sunanta. Da yake majnuni ba a kama shi da lafazinsa, abin da mai hankali ba zai iya furtawa a gaban masu tace majigi ba, mahaukaci ya nuna shi da idanu da gaɓɓai, kuma babu ɗan Koriya a zauren da ya jahilci wanda ake nufi.

Majigin bebe ne, saboda haka akwai mai sharhi da ake kira byeonsa, wanda yakan tsaya gefen allo yana ara wa 'yan wasa murya, kuma a ganina rabin ƙarfin Arirang daga bakinsa ya fito, domin almakashin hukuma yana yanke hoto, amma ba ya riskar abin da mutum zai faɗa a daren nan.

A 1927 Na Un-gyu ya kafa kamfanin kansa, a 1932 kuma ya aske kansa ƙwal domin ya fito a matsayin mai fito a wani majigi da Lee Gyu-hwan ya shirya. Ya riski zamanin majigi mai magana, wanda ya soma a Koriya a 1935, amma tarin fuka ya riga ya ci jikinsa, ya rasu a watan Agusta 1937 bai cika shekara 35 ba. Arirang kansa ya ɓata, har yau ba a samu kwafinsa ba, sai 'yan hotuna da riwayar waɗanda suka kalla. Tun 1990 ake ba da kyautar majigi ta Chunsa, wadda ta ɗauki laƙabin Na Un-gyu.