BABI NA UKU: MUSUN CUTAR ƘANJAMAU DA TASIRINSA GA MANUFOFIN KIWON LAFIYA A AFIRKA TA KUDU

3.0 Gabatarwa

A babin da ya gabata an yi bayani a kan ma'anar cutar ƙanjamau da hanyoyin da ake kamuwa da ita. A wannan babi kuwa za a dubi ra'ayin waɗanda suka musanta abin da masana kimiyya suka tabbatar game da cutar, da kuma irin ɓarnar da wannan ra'ayi ya haifar a lokacin da ya sami shiga fadar gwamnati. An zaɓi ƙasar Afirka ta Kudu a tsakanin shekarar 1999 zuwa 2008 a matsayin misali, saboda a nan ne musun ya tashi daga matsayin zancen bakin titi ya koma abin da ake gina manufar ƙasa a kansa.

3.1 Ma'anar Musu da Ire-irensa

Abin da ake nufi da musu a wannan bincike shi ne ƙin yarda da cewa ƙwayar HIV ita ce ke haddasa ƙanjamau, bayan kuwa hujjoji sun tabbatar da haka. An fara bayar da rahoton cutar a Amurka a watan Yuni na 1981, sannan a 1983 masu bincike a Cibiyar Pasteur da ke birnin Faris, wato Luc Montagnier da Françoise Barré-Sinoussi, suka gano ƙwayar. Ana iya karkasa masu musu zuwa gida uku:

(i) Waɗanda suke cewa ƙwayar ba ta da wata illa, ko ma babu ita sam.

(ii) Waɗanda suka yarda akwai ta, amma suke zargin wasu ne suka ƙirƙire ta da gangan don su rage yawan baƙar fata.

(iii) Waɗanda suke cewa magungunan rage kaifin cutar guba ne, kuma su ne ke kashe masu shan su.

Jagoran rukuni na farko shi ne Peter Duesberg, masani a Jami'ar Kalifoniya da ke Berkeley. A 1987 ya wallafa maƙala inda ya nuna cewa ƙwayar tamkar fasinja ce kawai a jikin mutum. A ganinsa shan miyagun ƙwayoyi da ƙarancin abinci mai gina jiki su ne ke karya garkuwar jiki, daga baya kuma ya ƙara da maganin AZT a cikin abubuwan da ya ɗora wa laifi. Ke nan ra'ayinsa ya haɗe rukuni na farko da na uku.

3.2 Tushen Zargin Makirci

Masu iya magana na cewa wanda maciji ya sara, in ya ga baƙin tsumma sai ya gudu. Ba za a fahimci dalilin da ya sa zargin makirci ya karɓu ga jama'a ba sai an waiwayi abubuwan da suka faru da gaske.

Na farko, daga 1932 zuwa 1972 hukumar lafiya ta gwamnatin Amurka ta gudanar da wani bincike a Tuskegee a kan baƙar fata kimanin 600, waɗanda 399 daga cikinsu ke ɗauke da ciwon tunjere. An bar su ba magani don a ga yadda ciwon zai ƙare da su, har bayan da aka sami allurar fanisilin. Na biyu, a Afirka ta Kudu kanta, zaman Hukumar Gaskiya da Sasantawa na 1998 ya bankaɗo wani shirin asiri na gwamnatin wariyar launin fata, a ƙarƙashin Dokta Wouter Basson, wanda a cikinsa aka yi ƙoƙarin samar da abin da zai hana baƙar fata haihuwa.

A kan irin wannan tabo ne aka dasa ƙarya. A watan Yuli na 1983 wata jarida a Indiya mai suna Patriot ta buga wata wasiƙa marar sa hannu, wadda ta yi iƙirarin cewa sojojin Amurka ne suka ƙera ƙwayar. Jaridun Tarayyar Sobiyet suka ɗauki zancen a 1985, daga nan ya watsu zuwa ƙasashe da dama, har da na Afirka. A 1992 shugaban hukumar leƙen asirin waje ta Rasha, Yevgeny Primakov, ya amsa cewa hukumar KGB ce ta kitsa labarin. Wato dai akwai makirci a cikin al'amarin, sai dai makircin na yaɗa labarin ne, ba na ƙera ƙwayar ba.

3.3 Amsar Masana Kimiyya

Masana sun ba da amsa ta fuskoki uku. Ta fuskar asali, bincike ya nuna cewa ƙwayar ta tsallako ne daga birai nau'in cimfanzi na kudu maso gabashin Kamaru, ta kuma fara yaɗuwa a Kinshasa wajejen 1920. An same ta a cikin wani jini da aka ɗiba a wannan birni tun 1959, alhali fasahar sarrafa ƙwayoyin halitta ba ta samu ba sai a shekarun 1970. Ta fuskar sanadi, an ga jarirai da waɗanda aka yi wa ƙarin jini sun kamu da ƙanjamau ba tare da sun taɓa shan wata muguwar ƙwaya ba, kuma abin da ya haɗa su kawai shi ne HIV. Ta fuskar magani kuwa, gwajin 1994 ya nuna AZT na rage yaɗuwar ƙwayar daga uwa zuwa jariri da kusan kashi biyu bisa uku. Daga 1996, da aka fara haɗa magunguna uku a lokaci guda, mace-mace suka ragu ƙwarai a Turai da Amurka. Haka kuma wani gwaji a Yuganda a 1999 ya nuna cewa shan nebirafin sau ɗaya ga uwa a lokacin naƙuda, da sau ɗaya ga jariri, na rage kamuwa da kusan rabi. Gaskiya ne waɗannan magunguna suna da illolinsu, musamman AZT da aka riƙa bayarwa da yawa a farko, amma amfaninsu ya rinjayi illar nesa ba kusa ba.

3.4 Shigar Musu Cikin Gwamnati

A 1990, kashi 0.7 cikin ɗari ne na mata masu zuwa awon ciki a asibitocin gwamnatin Afirka ta Kudu ke ɗauke da ƙwayar. Kafin shekarar 2000 adadin ya kai kashi 24.5 cikin ɗari, wato kusan mace ɗaya a cikin kowaɗanne huɗu. A cikin wannan hali ne Thabo Mbeki ya karɓi mulki daga Nelson Mandela a watan Yuni na 1999.

A watan Oktoba na wannan shekara Mbeki ya shaida wa majalisar wakilan larduna cewa akwai bayanan da ke nuna AZT na da haɗari ga lafiya. A watan Mayu na 2000 ya kafa kwamitin ba da shawara a kan ƙanjamau, inda ya zaunar da Duesberg da wasu masu ra'ayinsa kafaɗa da kafaɗa da sauran masana, tamkar dai maganar ba a gama ta ba. Da aka zo babban taron duniya a kan ƙanjamau a birnin Durban a watan Yuli, masana fiye da 5,000 suka sa hannu a kan wata sanarwa mai tabbatar da cewa HIV ce sanadin cutar. Shi kuwa Mbeki, a jawabinsa na buɗe taro, talauci ya fi mayar da hankali a kai. A wannan dandali ne Nkosi Johnson, yaro ɗan shekara 11 da aka haifa da ƙwayar, ya roƙi gwamnati ta riƙa bai wa mata masu ciki AZT. Ya rasu a watan Yuni na 2001.

Ministar lafiya daga 1999 zuwa 2008, Dokta Manto Tshabalala-Msimang, ta ɗora daga inda shugaban ya tsaya. Ta riƙa nanata illar magunguna tana kuma tallata tafarnuwa da lemun tsami da man zaitun, har aka baje irin waɗannan kayan a rumfar ƙasarta a taron Toronto na 2006. Babu mai musun cewa abinci mai kyau na taimakon majinyaci, amma ba ya kashe kaifin ƙwayar. Wannan saƙo na ministar ya buɗe ƙofa ga 'yan kasuwa irin su Matthias Rath, wanda ya riƙa raba ƙwayoyin bitamin a unguwar Khayelitsha a matsayin madadin magani, har sai da kotu ta haramta gwaje-gwajensa a 2008.

Ya kamata a yi adalci a nan, domin in ɓera da sata, daddawa ma da wari. A ƙarshen shekarun 1990 kuɗin maganin mutum ɗaya a shekara ya kai wajen dala 10,000, kuma kamfanonin magunguna 39 sun maka gwamnati a kotu a kan dokar 1997 da ta nemi shigo da magani mai rahusa. Saboda haka zargin cewa kamfanoni riba ce a gabansu yana da tushe. Sai dai kamfanin Boehringer Ingelheim ya yi tayin bayar da nebirafin kyauta na shekara biyar tun a 2000, kamfanin Cipla na Indiya ya sauko da farashin haɗin magunguna uku zuwa dala 350 a 2001, kuma a watan Afrilu na wannan shekara kamfanonin suka janye ƙararsu. Ke nan hujjar tsada ta raunana, amma gwamnati ba ta sauya matsayi ba.

3.5 Gwagwarmaya a Kotu

Ƙungiyar TAC, mai fafutukar samar wa majinyata magani, wadda aka kafa a watan Disamba na 1998, ita ce ta tunkari gwamnati. Jagoranta, Zackie Achmat, yana ɗauke da ƙwayar, amma ya ƙi shan magani na tsawon shekaru har zuwa 2003, yana mai cewa sai talakawa ma sun samu. A lokacin gwamnati ta taƙaita nebirafin ga cibiyoyin gwaji biyu kacal a kowane lardi. Wannan na nufin likita a wani asibitin gwamnati yana ganin mace mai ɗauke da ƙwayar tana naƙuda, ya san maganin, amma ba shi da izinin ba ta. Ƙungiyar ta kai ƙara, ta yi nasara a babbar kotu a watan Disamba na 2001, sannan a ranar 5 ga Yuli, 2002 Kotun Tsarin Mulki ta umarci gwamnati ta ɗage wannan takunkumi. A 2003 majalisar ministoci ta amince da shirin bayar da magani ga kowa, aka kuma fara aiwatar da shi a 2004, amma cikin jan ƙafa.

3.6 Sakamakon Jinkiri

Chigwedere da abokan aikinsa na Jami'ar Harvard (2008) sun kwatanta abin da Afirka ta Kudu ta yi da abin da maƙwabtanta Botswana da Namibiya suka yi. Ita Botswana, a ƙarƙashin Festus Mogae, ta fara raba magani kyauta tun 2002. Sun ƙiyasta cewa a tsakanin 2000 da 2005 an yi asarar rayuka fiye da 330,000, kuma jarirai kimanin 35,000 sun kamu da ƙwayar, waɗanda da an bayar da magani a kan kari da ba haka ba. Nattrass (2008), ta Jami'ar Cape Town, ta bi wata hanyar lissafi daban ta kuma sami adadi makusancin wannan, wato kimanin 343,000 daga 1999 zuwa 2007. Waɗannan alƙaluma ƙiyasi ne, amma dacewar bincike biyu masu zaman kansu ta ƙara musu ƙarfi.

Abin da ya biyo baya ma hujja ne. Bayan saukar Mbeki a watan Satumba na 2008, sabuwar ministar lafiya Barbara Hogan ta fito fili ta ce HIV ce ke jawo ƙanjamau. Ƙasar ta gina shirin bayar da magani mafi girma a duniya, kuma matsakaicin tsawon rai ya tashi daga wajen shekara 54 a tsakiyar shekarun 2000 zuwa wajen 65 a 2019.

3.7 Makamancin Haka a Ƙasar Hausa

Wannan darasi ba baƙo ba ne ga ƙasar Hausa. A 2003 jihohin Kano da Kaduna da Zamfara sun dakatar da rigakafin shan-inna, bisa raɗe-raɗin cewa an gauraya shi da ƙwayar ƙanjamau da kuma maganin hana haihuwa. A nan ma akwai tsohon tabo, wato gwajin maganin Trovan da kamfanin Pfizer ya yi a kan yara kimanin 200 a Kano a lokacin annobar sanƙarau ta 1996. Kano ba ta koma rigakafin ba sai a watan Yuli na 2004, kuma kafin nan cutar ta tsallaka zuwa ƙasashen da a da suka rabu da ita. Abin lura shi ne an shawo kan matsalar ne ta hanyar sake gwada maganin, da samo shi daga Indonesiya, da kuma shigo da sarakuna da malamai cikin aikin.

3.8 Kammalawa

A wannan babi an ga cewa musun ƙanjamau ya tsiro ne daga zaluncin da aka taɓa yi da gaske, shi ya sa ya yi saurin shiga zukata. An kuma ga cewa gwamnatin Mbeki ba ta taɓa kafa dokar da ta ce babu ƙanjamau ba. Abin da ta yi shi ne kafa kwamiti, da neman ƙarin bincike, da taƙaita magani ga 'yan cibiyoyi, kuma wannan jinkiri shi ne ya ci rayukan da aka ambata. Bisa ga haka, wannan bincike na ganin cewa shugaba na da 'yancin yin tambaya, amma bai dace ya tsare magani yana jiran amsar da masana suka riga suka bayar ba. Haka nan hukumomin lafiya ba za su kawar da jita-jita ba matuƙar suna ƙin amsa laifuffukan baya da suka haife ta. A babi na gaba za a dubi sunayen da Hausawa suka laƙaba wa cutar, irin su kabari-kusa, da abin da suke nunawa game da tunanin jama'a a kanta.