Jawabin Ƙarfafa Gwiwa Ya Yi Yawa, Darasi Ya Yi Kaɗan

Ranar 14 ga Mayun 2025, shugaban hukumar JAMB, Farfesa Is-haq Oloyede, ya zubar da hawaye a gaban 'yan jarida, ya amsa cewa tangarɗar na'ura ta ɓata sakamakon ɗalibai 379,997. Hankalin iyaye da yawa ya ɗan kwanta, domin kwanaki kaɗan kafin nan an bayyana cewa cikin sama da miliyan 1.9 da suka zauna jarrabawar shiga jami'a ta hukumar, fiye da miliyan 1.5 ba su kai maki 200 cikin 400 ba. Sai dai tangarɗar nan Legas ta shafa da jihohi biyar na kudu maso gabas. Yaran Kano da Sakkwato da Gombe, makin da suka gani nasu ne. Abin da ya fi tayar mini da hankali kuwa shi ne maganin da muke ta ƙara rungumar sa duk shekara: jawabi.

Da zarar jarrabawa ta gabato sai kasuwar ƙarfafa gwiwa ta buɗe. Makarantun kuɗi su gayyato mai baki ya tara 'yan aji shida ya ce musu kowa zai iya. TikTok da WhatsApp su cika da gajerun bidiyo masu kiɗa a ƙasa. A makarantar gwamnati shugaba ya tsaya a taron safe ya yi nasa. Ba wuya a gane dalilin bunƙasar abin: magana ba ta da tsada, tana ɗaukar awa ɗaya, kuma ana iya ɗaukar hotonta a nuna wa iyaye. Amma Bahaushe ya riga ya ce ba a fafe gora ranar tafiya.

Masu jawabin suna ɗauka tsoron yaro daga raunin zuciya yake fitowa. Ni a ganina mafi yawan tsoron nan gaskiya ce yaron yake ji a jikinsa. Ya san ba a kai ƙarshen manhajar Lissafi ba. Ya san akwai zangon da aka yi ba malamin Fiziks, sai da aka turo mai yi wa ƙasa hidima, shi ma ya gama shekararsa ya tafi. Ya san idan ya karanta tambaya da Turanci sai ya juya ta zuwa Hausa a ransa kafin ya fara tunanin amsa. Jarrabawar JAMB tambayoyi 180 ne cikin awa biyu, wato daƙiƙa 40 ga kowace tambaya. Wanda ke fassara a zuci ya cinye rabin daƙiƙoƙinsa kafin ya dubi A da B. Tun 2015 a kwamfuta kaɗai ake yin wannan jarrabawa, amma har yau akwai ɗaliban karkara da ranar jarrabawa ce ranar da suka fara zama a gaban allon kwamfuta da agogo yana ƙirga musu lokaci a gefe. Ka ce wa irin wannan yaro ya yarda da kansa, zai gyaɗa kai don ladabi, ya fita da tsoronsa yadda ya shigo da shi.

Nutsuwar ɗan jarrabawa daga sabo take zuwa. Yarinyar da ta warware tambayoyin shekarun baya har ta gane salon masu tambaya, aka sa mata agogo, aka gyara mata kurakuranta da jan biro, ba ta buƙatar wani ya daka mata tsawar ƙarfafawa. Ta riga ta ga abin. Wannan aiki ne na watanni, yana buƙatar malami da ake biya a kan lokaci, da ajin da bai fi ƙarfin mutum ɗaya ba, shi ya sa muke kauce masa.

Illar farko ta jawabin da ba darasi a bayansa ita ce yana ɗora laifin faɗuwa a wuyan yaro shi kaɗai. An gaya masa nasara a hannunsa take, don haka idan ya faɗi shi ne bai so ba. Ba wanda zai tambayi makaranta yaushe aka gama manhaja. Illa ta biyu ta fi muni. Idan gida da makaranta suka haɗu a kan "dole ka ci" alhali ba a ba shi abin ci da shi ba, hanya ɗaya ta rage, kuma kowa ya san ta. Satar amsa ba daga lalacin yara kawai take tasowa ba. Sau da yawa uba ne da kansa ke biyan kuɗin cibiyar da ake rubuta amsa a allo, yana ganin gata ya yi wa ɗansa. Yaron da aka shiga da shi jami'a ta wannan ƙofa, a shekarar farko asirinsa ke tonuwa.

Sannan jawabin ba ya shirya kowa ga ranar da sakamako ya zo da baƙin labari. A watan Agustan 2025 WAEC ta sanar cewa kashi 38.32 cikin ɗari ne suka sami kiredit biyar har da Turanci da Lissafi. Bayan 'yan kwanaki ta ce kuskure ne, adadin ya koma kashi 62.96. A tsakanin kwanakin nan yara nawa aka zaga a gida, nawa suka ƙi cin abinci? Wanda aka koya wa cewa rayuwarsa kaf a kan takarda ɗaya ta rataya ba shi da madafa a irin wannan rana. Ga shi kuwa akwai bayanai na gaskiya da suka fi kowane kirari kwantar da hankali, waɗanda ba kasafai ake gaya wa ɗalibai ba: cewa mafi ƙarancin makin shiga jami'a a 2025 shi ne 150, na kwalejojin kimiyya da fasaha da na ilimi 100, cewa a kwasa-kwasai da yawa ana haɗa sakamakon zama biyu, WAEC da NECO, cewa akwai IJMB ta Jami'ar Ahmadu Bello da makarantar share fage ta Funtuwa, cewa mai difloma ko NCE yana iya shiga jami'a kai tsaye a aji biyu.

Na yarda kalma mai daɗi tana da amfaninta. Akwai yaron da ya yi karatu sosai amma hannunsa ke rawa a zauren jarrabawa, albarkar da mahaifiyarsa ta sa masa da asuba tana iya tsayar da wannan rawa. Addu'a kuwa ba musulmin da zai yi jayayya da ita. Amma duka biyun wanda ya shirya suke ɗagawa, kuma a gida ake samun su kyauta, ba sai makaranta ta ɗauko baƙo ba.

Tun a 2025 ministan ilimi, Tunji Alausa, ya sanar da shirin mayar da WAEC da NECO kan kwamfuta, don haka matsalar da ta tsaya a JAMB za ta bi yaranmu har jarrabawar gama sakandare. Kuɗin da mai makaranta ke kashewa a kan taron jawabi da rumfa da lemo zai iya kama cibiyar kwamfuta ta yini guda, kowane ɗalibi ya yi gwaji da agogo. Jihar Kano tana yi wa 'yan aji biyar jarrabawar kwalifayin don tantance waɗanda za ta biya wa kuɗin NECO. Takardun amsar nan suna nuna ƙarara inda kowace makaranta ta gaza, darasi bayan darasi, kuma akwai watanni kafin babbar jarrabawa. Ya kamata a mayar wa malamai da bayanin abin da ke cikinsu, a kuma tura ƙarin malamai inda gibin ya fi faɗi.