Ƙwan Ƙwarƙwata a Kan Yaranmu: Yadda Ake Gane Shi, da Yadda Ake Rabuwa da Shi

Idan rani ya wuce a nan Libreville, ruwan sama ya dawo, makarantu suka koma, ba a daɗewa sai wata uwa a cikinmu ta lura ɗiyarta tana yawan susar ƙeya da bayan kunne. Wani lokaci kuwa 'yar takarda ce daga makaranta, cikin jakar littattafai, ɗauke da kalmomi biyu na Faransanci da babu uwar da ke son gani: poux, wato ƙwarƙwata, da lentes, wato ƙwanta. Abin da kan biyo baya mun san shi. Uwa ta ji kunya, ta ɓoye wa maƙwabta, ta yi wa yarinya faɗa kamar ita ta gayyato abin, sa'an nan cikin gaggawa ta nemi duk abin da aka ce yana kashewa. A wannan gaggawar ake cutar da yara fiye da yadda ƙwarƙwatar kanta za ta cutar da su.

Maganar kunya, mu fara sauke ta. Ƙwarƙwatar kai ba ta tambayar ko gida mai tsabta ne, jini take nema, kuma kan da ake wankewa kullum ya yi mata daidai da wanda ba a wankewa. A shekara ta 6 bayan Hijira, a Hudaibiyya, sahabi Ka'abu ɗan Ujra, Allah ya yarda da shi, yana cikin harami ƙwarƙwata ta dame shi har tana zubowa bisa fuskarsa. Manzon Allah, tsira da aminci su tabbata a gare shi, bai muzanta shi ba. Ya ba shi izinin aski tare da fansa: azumin kwana 3, ko ciyar da miskinai 6, ko yanka akuya ko tunkiya. Buhari da Muslim sun ruwaito wannan, kuma a kansa ne hukuncin fansa da ke aya ta 196 ta Suratul Baƙara ya sauka. Abin da ya sami sahabi a gaban Annabi, in ya sami 'yar shekara bakwai a aji, ba abin ɓoyewa ba ne.

Ita ƙwarƙwata babba girmanta bai wuce ƙwayar riɗi ba, milimita 2 zuwa 3. Tana da ƙafafu 6, ba ta da fiffike, ba ta tashi, ba ta tsalle. Rarrafe take yi daga gashi zuwa gashi idan kai ya taɓa kai, shi ya sa ta fi yawa ga yaran da ke haɗa kai wurin wasa, ko karatu a allo ɗaya, ko kwana a matashi ɗaya. Tana rayuwa kimanin kwana 30 a kan mutum, amma in ta faɗo ta rasa jini, kwana 1 ko 2 ta mutu. Ba ta zama a jikin kyanwa ko kaza. Kuma ita ta kai ba a san ta da yaɗa cuta ba, saɓanin 'yar'uwarta ta tufafi, wadda likitan Faransa Charles Nicolle ya gano a Tunis a 1909 cewa ita ke ɗaukar zazzaɓin taifus. Illar ta kai ita ce ƙaiƙayi, da rashin barci, da ƙurajen da susa ke haifarwa, waɗanda kan yi ruwa har kaluluwa ta fito a wuya. Ƙaiƙayin ma ba ya zuwa da wuri: wanda ya kamu karon farko yana iya yin mako 4 zuwa 6 bai fara susa ba. Saboda haka rashin susa ba shaida ba ce cewa ƙanen yarinyar ya tsira.

Babbar tana da sauri kuma tana gudun haske, da wuya a gan ta. Ƙwai shi ne ke zaune wuri ɗaya, shi ido ke fara kamawa, kuma a wurinsa ne yawancinmu ke yin kuskure.

Macen ƙwarƙwata tana saka ƙwai da yawa a kowace rana, tana liƙa kowanne a silin gashi ɗaya da wani irin danƙo da ruwa ba ya narkarwa, sabulu ba ya cirewa. Tsawon ƙwan bai cika milimita 1 ba. Siffarsa kamar ɗigon hawaye, a manne a gefe ɗaya na silin, a karkace, da ɗan murfi a samansa wanda ɗan ƙwarƙwata ke turewa ya fito. Tana saka shi dab da fatar kai domin ɗumin jiki ne ke ƙyanƙyashe shi, kuma ta fi son ƙeya da bayan kunnuwa. A nan za a fara dubawa, da rana, a tsakar gida ko bakin taga. Hasken ƙwan lantarki na ɗaki ba ya wadatarwa.

Ga gwaji mai sauƙi. A sa yatsa biyu a ja abin. Amosani, da busasshen man kitso, da ƙura, duk suna zamewa ko su kakkaɓe da hurawa. Ƙwai ba ya motsi, sai an kama shi da farce an ja shi har ƙarshen silin. In kuwa abin da aka gani wani fili ne zagayayye inda gashi ya kakkarye, fata ta yi fari tana ɓarewa, wannan makero ne, cuta ce dabam, maganinta na sha ne daga likita, maganin ƙwarƙwata ba ya yi masa komai.

Bayan an tabbatar ƙwai ne, saura a san mai rai ne ko fanko. Mai rai yana da duhu, ruwan ƙasa ko ruwan toka, a cike yake yana ɗan sheƙi, in an matse shi tsakanin farce biyu yakan yi 'yar ƙara. A baƙin gashi irin namu wuyar gani gare shi. Wanda ya riga ya ƙyanƙyashe shi ne fari, ba nauyi, kuma shi ne ke tsorata iyaye domin shi ya fi fitowa fili. Wannan kwasfa ce kawai, tana iya zama a gashi watanni bayan an kashe ƙwarƙwata ta ƙarshe. Gashi yana tsiro kimanin santimita 1 a wata, yana tafiya da kwasfar, don haka abin da ke nesa da fata galibi tsoho ne. Littattafan Turai kan ce ƙwan da ya yi nisan santimita 1 daga fata ba abin damuwa ba ne. Mu yi hattara da wannan ma'auni, domin a ƙasa mai zafi da laima irin Gabon ƙwai yana samun ɗumin da yake buƙata ko da ya ɗan yi nisa. Launi da cika sun fi nisa abin dogaro a wurinmu. Hujja mafi ƙarfi dai ita ce a ga ƙwarƙwata mai rai tana tafiya. Kwasfa kaɗai ba dalilin sake zuba magani ba ce, kuma ba dalilin hana yarinya zuwa makaranta ko Islamiyya ba ce.

Lissafin kwanaki shi ne sirrin aikin duka. Ƙwai yana ƙyanƙyashewa cikin kwana 7 zuwa 10. Ɗan da ya fito ba ya iya saka nasa ƙwan sai ya yi kwana 9 zuwa 12. Mafi yawan magunguna suna kashe masu tafiya amma ba sa gamawa da ƙwai duka. Uwar da ta shafa magani sau ɗaya ta ga kai ya yi tsaf, bayan mako 3 ta ga abin ya dawo, sai ta ce maganin jabu ne ko kuwa 'yar maƙwabta ce ta sake kawowa, alhali ƙwan da ta bari ne ya girma ya hayayyafa. Dole a maimaita tsakanin rana ta 7 da ta 10, lokacin da sababbin suka fito amma ba su isa saka ƙwai ba.

A kantin magani, sunayen da za a duba a jikin kwali da Faransanci suke. Diméticone wani mai ne da ke lulluɓe ƙwarƙwata ya toshe mata kafofin numfashi, ba guba ba ne, shi ya sa ba ta iya sabawa da shi. Perméthrine kuwa maganin ƙwari ne, kuma a ƙasashe da dama ƙwarƙwata ta daina jin sa. Ruwan malathion da aka sani da suna Prioderm an daina sayar da shi a Faransa tun ƙarshen 2018. Lindane, wanda iyayenmu suka sani, an sa shi cikin jerin gubobin Yarjejeniyar Stockholm a 2009, a 2015 kuma cibiyar binciken sankara ta Hukumar Lafiya ta Duniya ta lissafa shi cikin masu jawo sankara. In an ga tsohuwar kwalbarsa a kasuwa, a bar ta a wurin. Mai ciki, da mai shayarwa, da yaron da bai kai shekara 2 ba, da mai asma, a tambayi likita tukuna. Sa'an nan wani gargaɗi da ya shafi gidajenmu musamman: da yawa daga cikin waɗannan mayuka suna kama wuta. Muddin maganin yana kai, yarinya ba ta kusantar murhun gas, ba a turara mata gashi da kaskon turaren wuta.

Akwai ƙwayar sha mai suna ivermectine. Gaskiya ne tana kashe ƙwarƙwata, amma a Gabon ba ƙwayar da mutum zai saya ya haɗiya da kansa ba ce. Ƙasar nan tana cikin yankin tsutsar ido, Loa loa, wadda jan ƙudan kurmi ke yaɗawa. Wanda 'ya'yan tsutsar suka yi yawa a jininsa, ko da bai sani ba, in ya sha wannan ƙwaya tana iya taɓa masa ƙwaƙwalwa har ya suma, wani ma ya rasa ransa. Masu zuwa Bitam da Oyem da Minvoul wurin dangi, da masu aiki a dajin katako, su riƙe wannan da kyau. Likita ne zai auna jini ya yanke hukunci.

Kananzir, da fetur, da fiya-fiya, da Sniper, da maganin sauro na fesawa, waɗannan ba ma su shiga lissafin magani ba. Fatar kan yaro tana tsotse guba ta kai ta jini, kananzir kuma tartsatsi ɗaya ya ishe shi. A Nijeriya hukumar NAFDAC ta hana sayar da Sniper a kasuwannin fili a 2019. Mun san ana cewa kakanni sun yi amfani da kananzir ba abin da ya faru. Waɗanda abin ya faru da su ba a cika ba da labarinsu a gidan biki ba.

Aikin da babu makawa daga gare shi, da magani ko babu, shi ne taza. A tsefe kitson gaba ɗaya, a cire duk wani ƙarin gashi, domin ƙwai yana fakewa a gindin kitso inda mataji ba ya kaiwa. A jiƙa gashin, a shafe shi da man kwakwa ko man zaitun ko narkakken man kaɗanya ko après-shampooing, har ya yi santsi. Man yana rage wa ƙwarƙwata gudu, yana kuma sa mataji ya wuce ba tare da yarinya ta yi kuka ba. A fara warware gashin da babban mataji, a raba shi ƙananan kaso, sa'an nan a ɗauko mai ƙananan haƙora da ake kira peigne à poux. Na ƙarfe ya fi na roba jure gashinmu. A dasa shi a fatar kai, a ja har ƙarshe, a goge a farin ƙyalle a duba abin da ya fito. Ƙwan da ya ƙi bin mataji a zare shi da farce, ko a datse silin da almakashi. Hukumar lafiya ta Ingila tana ba da shawarar a yi wannan taza a rana ta 1, ta 5, ta 9 da ta 13, a sake dubawa a rana ta 17. A tsawon waɗannan kwanaki a haƙura da ƙananan kitso, a yi manya huɗu ko shida masu saurin tsefewa. Aiki ne mai cin lokaci, gashi mai yawa yana iya cin awa guda ko fiye, kuma bai kamata a bar wa uwa ita kaɗai ba in akwai yaya ko gwaggo a gidan.

Yaro namiji, wanzami ya gama masa magana cikin minti goma, a aske duka kada a bar wani sashe. Yarinya kuwa ba mu ga dalilin aske mata kai ba. Taza tana wadatarwa, kuma kwalkwal a kan 'ya mace tallar abin ne ga dukan ajinsu.

A duba kowa a gidan rana ɗaya, har manya, a yi wa waɗanda aka samu da ita magani rana ɗaya. Wanda ba a ga komai a kansa ba, ba a shafa masa don rigakafi. Ɗankwali, hijabi, hula, rigar matashi da zanen gado da aka yi amfani da su cikin kwana 2 da suka wuce, a wanke su da ruwan zafi na digiri 60 ko a bi su da dutsen guga. Mataji da abin ɗaure gashi a jiƙa su a ruwan zafi minti 10. Ba a buƙatar fesa wa ɗaki magani, tunda wadda ta faɗo ba ta kai kwana 3. A Islamiyya kowace yarinya ta riƙe hijabinta, a daina tara su a ƙusa ɗaya ko aro wa wadda ta manta nata. Sa'an nan a gaya wa malama, a gaya wa mai kitso domin ta wanke matajinta, a gaya wa uwar ƙawar da suke kwana tare, ita ma ta duba kan tata ɗiyar a wannan makon.