Mai Haɗa Siddabarun Fim da Yadda Yake Aikinsa

Siddabarun fim shi ne abin da mai kallo ke gani a allo alhali ba haka kyamara ta ɗauke shi ba: aljanin da ya ɓace a tsakar gida, bokan da wuta ke fita daga tafinsa, ko jarumi ɗaya da ya fito tagwaye suna musu da juna. A Mallawa da garuruwan Magarya da Dungas a Nijar, inda finafinan Kano ke shiga salula ta hannun masu turawa, an saba da ganin waɗannan, amma ba kasafai ake tambayar wanda ya haɗa su ba.

Dabarar ɓacewa na cikin mafiya tsufa. Bafaranshe Georges Méliès ya yi aiki da ita tun 1896: a tsayar da ɗauka, ɗan wasa ya fice, a ci gaba. Nijar ma tana da nata gwanin. Moustapha Alassane, wanda ya rasu a 2015, makanike ne kafin ya shiga fim. Ya zana kwaɗin fim ɗinsa Bon Voyage Sim da hannunsa a 1966, hoto bayan hoto, har suka motsa.

Yau kwamfuta ce wurin aikin, da manhajoji irin su After Effects da Blender, wadda kyauta ce. Sai dai rabin aikin a wurin ɗauka yake. Idan za a sa mutum ya tashi sama, ana ɗaukarsa a gaban koren ƙyalle, sannan a cire koren a sa sararin sama. Dole ƙyallen ya miƙe ba lanƙwasa, haske ya bi shi bai ɗaya, kuma kada ɗan wasa ya sa koriyar riga, in ba haka ba ƙirjinsa ya ɓace tare da bango. Wurin tagwaye kuwa, kafe kyamara ake yi a ɗauki jarumin sau biyu, dama da hagu. Jinkiri kaɗan, rana ta gusa, inuwar bishiya ta karye a tsakiyar allo.

Nan ake gane gwani. Ɗan koyo yakan cika wuta da walƙiya, ya manta cewa wuta tana haska fuskar mai riƙe da ita, kuma duk abin da ya taka ƙasa yana da inuwa. Aikin na son haƙuri: daƙiƙa ɗaya hotuna 25 ce a tsarin talabijin na yankin, don haka daƙiƙa 10 na iya zama hotuna 250 da za a gyara ɗaya bayan ɗaya.

A Kannywood, wadda ta faro da fim ɗin Turmin Danya a 1990, galibi edita ne ke haɗa aikin siddabarun da tace hoto, don kuɗin fim bai kai a ɗauki mutum na musamman ba. Yawancin editocin a gefen maigida suka koya, suka ƙara da darussan YouTube. Tallan kamfanoni da bidiyon waƙa su ke riƙe su tsakanin fim da fim, kuma gajeren faifan ayyukan da mutum ya taɓa yi shi furodusa ke fara tambaya kafin takardar makaranta.