Takardar Ɗaukar Aiki a Chadi: Haƙƙi Ne Ko Kyautar Shugaba?

Wanda ya saba bin ta Bourse du Travail, cibiyar ƙungiyoyin ƙwadago a Njamena, ya san waɗannan fuskoki: matasan da suka gama makarantun horar da malamai, sun shimfiɗa tabarma suna jiran sunansu ya fito a jerin ma'aikatan gwamnati. Wasu sun shekara goma suna jira, alhali azuzuwa sun cika maƙil. Ana ɗora laifin a kan talauci, amma ni ina ganin babbar cutar ita ce an mai da ɗaukar aiki alfarma.

Doka mai lamba 17 ta shekarar 2001 ta shimfiɗa ƙa'idojin aikin gwamnati, tun daga ɗauka har ritaya. Sai dai da farashin man fetur ya karye a 2014, ga kuma bashin kamfanin Glencore a wuya, gwamnati ta fito da matakan tsuke bakin aljihu guda 16 a 2016, ƙofar ɗauka ta kusan rufewa. Da aka tashi buɗe ta, ba da mabuɗin doka aka buɗe ba. Marigayi shugaba Idriss Déby ya yi alkawarin ɗaukar matasa 20,000, ɗansa Mahamat da ya gaje shi ya biyo da alkawarin 5,000 a ƙarshen 2021. Aikin da ya kamata ma'aikata ta tsara bisa guraben da ke akwai ya koma albishir daga fadar shugaban ƙasa. Inda kuwa abu ya zama kyauta, mai uwa a gindin murhu ne ke cin tuwo da miya. Shi ya sa duk jerin da ya fito sai an ji kuka: wane ya gama bara ya shiga, wanda ya riga shi da shekaru yana nan zaune.

Giɓin da aka bari a makarantu, malaman al'umma ne suka toshe shi. Fiye da rabin malaman firamare a ƙasar irinsu ne, iyayen yara ke haɗa musu ɗan abin hannu, tallafin da gwamnati ke ba su ta hukumar APICED kuma yakan zo a makare. Suna riƙe da alli kamar kowane malami, amma ba ƙarin girma, ba fansho. Wanda ya gaji ya koma kabu-kabu ko gona, yara su wayi gari ba malami.

Masu bin ra'ayin Asusun Ba da Lamuni na Duniya suna cewa albashi ya riga ya yi wa baitulmali nauyi. Akwai ƙamshin gaskiya, kuma ma'aikatan boge sun ƙara nauyin. Amma ƙarancin gurbi ai shi ya fi buƙatar adalcin rabo.

A bayyana yawan guraben kowace shekara a kasafin kuɗi, a ɗauka ta jarrabawa ko bisa shekarar kammala karatu, a manna jerin inda kowa zai gani, a lissafa wa malamin al'umma shekarun da ya yi a aji. Mai jira zai iya haƙuri idan ya san lambarsa a layi.